Kwanakin Ruwan Tafkin Arɗo

Rugar Arɗo Abdulsalam, gabas da Ajingi
22 ga Zulhajji, 1289

Da sunan Allah Mai rahama Mai jinƙai. Daga Hindatu 'yar Malam Ɗahiru zuwa ga yayanta Malam Datti a Gaya. Gaisuwa mai yawa da girmamawa, da tambayar lafiyarka da ta Yaya Karimatu da yara. Barka da Salla.

Bayan haka, na san sai ka juya takardar nan ka sake duba sunan mai ita. Shekara huɗu ke nan tun rasuwar Baffa, mahaifinmu, ban rubuto maka ba, kai ma ba ka rubuto ba, saboda haka babu mai yi wa wani gori. Kuma ba zan yi maka ƙarya ba, Yaya, ba zumunci ne ya sa ni ɗaukar alƙalami yau ba. Maganar ruwa ce.

Daminar bana ta ɗauke da wuri, tafkin da rugarmu ke sha bai cika ba. Shanu wajen ɗari huɗu ne a kansa, ban da tumaki, ban da mu kanmu. Dattawa sun kasu biyu. Wasu sun ce a kora garke zuwa fadamar gabas, tafiyar kwana biyar, tun shanu na da ƙarfi kuma rijiyoyin hanya na da ruwa. Wasu sun ce a zauna, don fadama akwai ƙudan tsando, bara waccan ma an tafi an dawo da asara. Maigidana Arɗo yana tsakiya, kowa na jansa. Abin da ake tsoro shi ne a zauna ruwa ya ƙafe ana tsakiyar bazara, lokacin da saniya ba za ta iya tafiyar yini biyu ba balle biyar.

Da na ga gardama ta ƙi ƙarewa, sai na roƙi Da'u, ƙanen maigidan, wanda ya iya ruwa, ya kafa mini doguwar sanda a tsakiyar tafkin. Kafin a kafa ta na tsattsaga ta da wuƙa yatsa-yatsa. Ranar sha biyar ga wata zurfin ruwa kamu biyar ne, wato yatsa ɗari da ashirin, da kamun da Baffa ya koya maka ina gefe ina dama masa tawada. Yau kwana bakwai, ruwa ya sauka yatsa bakwai.

Manomanmu sun ce ba a sa ran ruwan sama sai ƙarshen Rabi'ul Awwal. Kai ne ka gaji hisabi, kai ake kira rabon gado daga Gaya har Kademi. Ka duba mana, ruwan nan zai kai mu ko ba zai kai ba? Maigidan ya ce abin da ka faɗa shi za a yi.

Maiwada mai jakunan kanwa zai kawo maka wannan, shi zai dawo da amsa. Allah ya ƙara maka lafiya. Wassalam.

Ƙanwarka, Hindatu

*

Gaya
25 ga Zulhajji, 1289

Godiya ta tabbata ga Allah, tsira da aminci su tabbata ga Manzonsa. Daga Datti ɗan Malam Ɗahiru zuwa ga ƙanwarsa Hindatu. Aminci da rahama. Muna lafiya, Karimatu tana gaishe ki, ta ce in gaya miki har yanzu ba ta samu mai man shanu irin naki ba.

Bayan haka, takardarki ta iso, na gane rubutun tun kafin in ga suna, don har yau wasullanki kamar kaji sun yi tsere a kan takarda. Na ji daɗin ganinta, ko da yake kin ce ba zumunci ya kawo ta ba.

Mas'alar da kika aiko ba ta kai a ɓata mata takarda ba. Ruwa yatsa ɗari da ashirin, yana sauka yatsa bakwai a kwana bakwai, wato yatsa guda kullum. Kwana ɗari da ashirin ke nan. Daga sha biyar ga Zulhajji zuwa ƙarshen Rabi'ul Awwal kwana ɗari da huɗu ne. Ashe kuna da rarar kwana goma sha shida. Wannan ko ɗalibin da ya fara zama gabana jiya zai warware shi yana tsaye.

Na rubuta hukuncin daban a wata 'yar takarda da sunan Arɗo, don ya nuna wa jama'arsa hankalinsu ya kwanta. Su zauna, kada su kai dukiyarsu bakin ƙuda a banza.

Ke kuma ki bar wa maza sha'anin sanda da tafki. Kin yi ƙoƙari da kika auna, amma awo daban, ilimi daban. Ki gai da Arɗo da kyau. Haza wassalam.

Yayanki, Datti

*

Ruga
7 ga Muharram, 1290

Zuwa ga Yaya Malam, gaisuwa da fatan an shiga sabuwar shekara lafiya. Ka ce wa Yaya Karimatu man shanunta yana cikin ɗan tulun da ke hannun Maiwada, kada ya ce mata ya zube.

Bayan haka, takardarka ta yi aiki fiye da yadda ka zata. An karanta ta a gindin tsamiya bayan la'asar, aka yi kabbara. Kashegari maigidan ya kai ta wurin baduku a Ajingi aka ɗinke ta cikin jar fata kamar laya, Da'u ya yi iyo ya ɗaure ta a kan sandata. Yanzu mutanen nan ba sa kallonta a matsayin lissafi. Tsofaffi cewa suke Malam ya ɗaure ruwa, ba zai ƙafe ba sai ya cika ɗari da ashirin. Wanda duk ya ƙara ta da zancen tafiya, sai a nuna masa jar fatar nan a yi shiru.

Ni dai ban bar sandata ba, ka yi haƙuri. Mako na farko ruwa ya sauka bakwai. Na biyu bakwai da ɗan ɗori. Na uku kusan takwas. Jiya sanda tana kan casa'in da takwas. Za ka ce yatsa ɗaya ba komai ba ne, ko idon Da'u ne. Ni ma haka na so in ce, amma abin ya ƙi barin raina.

Ranar Ashura ta gabato, ina wanke babbar ƙwaryata, sai na tsaya ina kwashe ruwan cikinta da ludayi. Ludayin farko ko alama bai yi ba. Da na kusa gindi, ludayi guda sai ya zabge ruwan da yawa, alhali ludayin bai ƙara girma ba. Yaya, tafkinmu ƙwarya ne, ba rijiya ba. Sama faɗi, ƙasa tsuke. Shanu kuma cikinsu bai san tafki ya ragu ba, abin da suka sha jiya shi za su sha gobe.

Don in raba abin da rana ke sha da abin da dabbobi ke sha, na cika kasko na ajiye a bakin tafki, na kewaye shi da ƙaya. Rana tana shan rabin yatsa a yini. Ashe a makon farko rabi na rana ne, rabi na baki. Na rana ba zai sauya ba. Na baki kuwa, a ganina, zai yi ta hawa a jikin sanda muddin fuskar ruwa tana tsukewa.

Na kuma sa Da'u ya bi tafkin daga gaɓa zuwa tsakiya yana auna zurfi kowane taku biyar. Ya yi ta mita, ya ce tun da aka auro ni bai huta ba. Awon yana bayan takardar nan.

Ka sake dubawa don girman Allah. Ban ce na fi ka sani ba. Na ce dai ruwan ba ya bin abin da ka rubuta. Wassalam.

Hindatu

*

Gaya
12 ga Muharram, 1290

Daga Datti zuwa ga Hindatu, aminci da rahama. Mai ya iso, Karimatu ta gode. Maiwada ya rantse bai taɓa ba, amma gemunsa yana sheƙi.

Bayan haka, zancen ƙwarya yana da kamshin gaskiya, ba zan ƙi ba. Da kin gaya mini siffar tafkin tun farko da ban amsa yadda na amsa ba, domin mufti gwargwadon tambaya yake ba da fatawa. Na dubi awon Da'u, na ga filin ruwan yana bin zurfinsa: in zurfi ya koma rabi, fili ya koma rabi, rabon shanu a jikin sanda ya ninka biyu.

Irin wannan mas'ala ba a yanke ta da sara guda, tun da saurin saukar ruwa ya dogara ga yawan ruwan da ya rage, yawan da ya rage kuma ya dogara ga saurin. Sai a bi ta mataki-mataki. Na raba kwanakin wata-wata. Watan farko yatsa guda kullum, ya rage casa'in. A casa'in sai na sake lissafin sauri, ya zama yatsa da sudusi, wato kashi ɗaya cikin shida, na tafi da shi wata guda, ya rage hamsin da biyar. A nan sauri ya haura yatsa da rabi, ya cinye saura cikin kwana talatin da biyar. Jimla kwana casa'in da biyar, wato wajen ashirin da ɗaya ga Rabi'ul Awwal.

Kin ga ke nan tazarar da ke tsakaninsa da damina kwana tara ce kacal, kuma sau nawa muka ga ruwa ya sauka kafin nan? Kwana tara ana iya jure shi da tonon rijiya a gindin tafki.

Saboda haka ban ga dalilin ta da hankalin jama'a ba. Kada ki kai wa Arɗo wannan zance. Mutane in sun ga malami ya faɗi magana yau ya janye gobe, ba za su tsaya a kan tafki ba, har rabon gadon da na yi shekara ashirin ina yi sai sun dawo suna tonawa, gidajen da suka zauna lafiya su rikice. Ki yi tunani a kan wannan. Hukuncin bai sauya ba, a zauna.

Allah ya sa mu ga damina lafiya. Haza wassalam.

Datti

*

Ruga
18 ga Muharram, 1290

Zuwa ga Yaya Malam, gaisuwa. Ina fata kana lafiya. Ni ba ni da ita sosai, don raina a ɓace yake, kuma kai ka ɓata shi.

Ka ce a bi mataki-mataki, na yarda, hanya ce mai kyau, ban san ta ba sai a takardarka. To amma wane irin mataki ne wata guda? Ka ɗauki saurin ranar farko ka ɗora wa kwana talatin, kamar ruwan zai tsaya yana jiranka sai wata ya mutu sannan ya ƙara sauri. Da lissafinka, yau ya kamata sanda ta nuna tamanin da shida da rabi. Da'u ya dawo yanzu jikinsa na ɗiga, tamanin da huɗu ta nuna.

Ba ni da takardar ɓatawa kamar ku na gari. Na tona gurabun dara a bayan bukkata, na tara 'ya'yan tsamiya, kowace ƙwaya yatsa guda, ɓararriya rabin yatsa. Na bi hanyarka sak, sai dai na mai da matakin mako-mako. Kwana tamanin ya ba ni. Sai na ce, da aka rage mataki daga wata zuwa mako kwana goma sha biyar suka gudu, to in aka ƙara ragewa fa? Kuskuren kuma duk gefe guda yake karkata, kullum gefen da ke sa mutum ya miƙe ƙafa.

Bin sa kwana-kwana ya fi ƙarfina, ga tatsa ga daka ga yara. Sai na yi dabara. Ka san jakin Maiwada in ya doshi gida, yana fara tafiya da nawa, yana ƙarasawa da gudu. Mai son sanin tafiyarsa ba zai auna ta a farkon hanya ba, a tsakiya zai auna. To haka na yi wa kowane mako. In ɗauki saurin ranar farko in yi tafiyar rabin mako da shi kawai, in tsaya in ga inda ruwa ya kai, in lissafa sauri a wannan wurin. Sannan in koma farkon makon in taka shi gaba ɗaya da saurin tsakiyar nan. Aikin ninki biyu ne, amma ya bi sandata yatsa da yatsa a makonni huɗun da suka wuce. Da na ci gaba da shi, kwana saba'in da biyar ya ba ni. Ƙarshen Safar ke nan, Yaya, wata guda cur kafin damina. Kuma 'yan yatsun ƙarshe taɓo ne, ba ruwa ba.

Ka ce kada in gaya wa maigidan. Na gaya masa. Ya saurare ni har na gama, mutum ne mai haƙuri. Sannan ya ce, "Hindatu, ki ce in tsaya gaban dattawa in ce Malam ya rubuta da tawada, amma matata ta buga dara ta ga ba haka ba?" Ko da ka aiko wata takardar, za a ce ni na rubuta, tun da an san na iya. Fatar nan da ke kan sanda, bakin da ya ɗaura ta shi kaɗai zai kwance ta.

Ka ce in yi tunanin sunanka. Na yi. Na kuma yi tunanin ranar da aka raba kayan Baffa, na ce a bar mini littafinsa na hisabi a cikin rabona ko da zan rasa komai, ka yi dariya a gaban mutane ka ce mace me za ta ƙirga ban da kwanakin wanka. Na karɓi jar saniyar da ya bar mini na yi shiru shekara huɗu. Wancan tsakanina da kai ne, na bar wa Allah. Wannan kuwa abincin gida arba'in ne. Ba a fafe gora ranar tafiya, kuma matafiya sun fara cewa rijiyoyin hanyar gabas suna ja da baya.

Ban iya lallashi ba, ka sani tun muna yara. Ina dai roƙonka. Wassalam.

Hindatu

*

Gaya
26 ga Muharram, 1290

Daga Datti zuwa ga ƙanwarsa Hindatu. Aminci da rahama da albarka.

Maiwada ya zo sau biyu neman amsa na sallame shi hannu wofi. Bari in gaya miki abin da na yi da kwana takwas ɗin nan, don ki san irin yayan da Allah ya ba ki.

Kwana uku na farko fushi na yi. Na ce wa Karimatu kin yi mini rashin kunya. Ta ce, "Malam, rashin kunyar ce ta dame ka, ko lissafin?" Na ƙi cin tuwonta ranar.

Rana ta huɗu na sallami ɗalibai, na shimfiɗa yashi a faifai a zaure, da niyyar in kama ki da kuskure. Na ce zan bi ruwan nan kwana-kwana, matakin da babu ƙarami bayansa, in ga ƙaryar dara. Kowace rana in lissafa sauri, in cire, in share, in sake. Idona ya yi ta ruwa, bayana ya ƙage. Na wuce kwana sittin ina sa rai, na ga ruwa yana zubewa a gabana yatsa biyu, yatsa uku a yini. Ya ƙare a rana ta saba'in da biyar. Na ce na yi kuskure a hanya, na sake daga farko. Ya ƙare a wurin da ya ƙare.

Abin da na yi yini biyu ina yi da mataki saba'in da biyar, ke kin same shi da mataki goma sha ɗaya a bayan bukka. Ban taɓa ganin wannan dabarar tsakiya a wurin Baffa ba, ban ji ta a wurin malaman Kano da na zauna gabansu ba.

Abin da ya fi ci mini rai ba kuskuren farko ba ne, kowa yana yi. Na biyun ne. Tun da na ga casa'in da biyar na san in na rage mataki adadin zai ragu. Na zaɓi wata-wata ne don shi ne ya ba ni amsar da ba za ta sa in janye maganata ba. Girman kai rawanin tsiya, kuma na naɗa shi har ya rufe mini ido.

Na ƙara wani lissafi da hanyarki. In kashi uku cikin huɗu na masu sha suka tashi kafin watan nan ya mutu, aka bar shanun tatsa da mutane, ruwan zai kai. Ranar ƙarshe ta Rabi'ul Awwal sanda za ta nuna yatsa goma sha takwas. Ki duba mini shi a gurabunki, ban ƙara yarda da kaina ni kaɗai ba.

Ki ce wa Arɗo ya tara jama'a jibi Juma'a bayan an sauko daga masallacin Ajingi. Ina tafe. Ki ce wa Da'u ya shirya yin iyo. Haza wassalam.

Datti

*

Fadamar gabas
12 ga Safar, 1290

Da sunan Allah. Daga Arɗo Abdulsalam zuwa ga surukinsa, malaminmu, Malam Datti na Gaya. Gaisuwa da ban girma irin wadda ta dace. Limamin wurin nan ne ya rubuta mini, ni ina faɗa.

Bayan haka, mun iso. Kwana shida muka yi maimakon biyar. Ruwa da ciyawa akwai, ƙuda ma akwai, muna fama da hayaƙi safe da yamma.

Malam, tun ranar Juma'ar nan ban sami zama da kai ba, shirin tashi ya sha kaina. Ina so ka san abin da na gani. Na ga Da'u ya miƙa maka layar, ka sa wuƙarka ka farke ɗinkin a gaban dattawa, ka karanta abin da ka rubuta, ka ce, "Wannan ba aya ba ce, lissafin Datti ne, kuma Datti ya yi kuskure." Da Kawu Audi, ɗaya daga cikin dattawan, ya ce to wa ya gano kuskuren, na ɗauka za ka ce ilhama ce. Ka nuna bukkar iyalina ka ce, "Mai ɗakin can. Ta gaya mini tun kwana ashirin da suka wuce, na danne." Na ji wasu matasa sun yi dariya, na kuma ji an ce labarin ya riga ka isa Gaya. Ni dai shekarata hamsin da biyu ban taɓa ganin mai rawani ya yi haka ba. Ni ma ta gaya mini, ban ji ba, kuma ni ban tsaya gaban kowa na faɗa ba.

Ba zan ɓoye maka asara ba. Rijiyoyi biyu na tsakiyar hanya mun tarar sun ƙafe, mutanen wurin sun ce kwana goma da suka wuce akwai ruwa. Mun yi yini biyu ba sha. Shanu goma sha ɗaya suka kwanta, muka yanka waɗanda muka riska. A cikinsu akwai jar saniyar da marigayi mahaifinku ya bar wa iyalina. Tsohuwa ce, na ce a bar ta gida cikin na tatsa. Ta ce ba ta da nono bana, kuma in ita da ta kawo maganar ta ɓoye tata, kowace mace za ta ɓoye biyu. Da hannunta ta koro ta cikin garke.

Ban aika mata ba tukuna. Na rasa ta inda zan fara. In za ka iya, ka riga ni.

Sauran dukiya lafiya. A sa mu a addu'a. Wassalam.

Abdulsalam

*

Ruga
2 ga Rabi'us Sani, 1290

Zuwa ga Yaya Malam, gaisuwa da barka da ruwa.

Jiya da hantsi hadari ya haɗo daga gabas, kafin azahar an yi ruwa kamar da bakin ƙwarya. Yara sun yi ta tsalle a cikinsa, ni ma na tsaya a waje har zanena ya jiƙe.

Shekaranjiya na shiga tafkin da ƙafata, don yanzu ba a bukatar iyo. Ka ce sha takwas, gurabuna sun ce sha takwas, sanda ta ce sha bakwai. Yatsa guda ya ɓace mana, ni da kai. Ina zargin jakunan Maiwada.

Takardarka ta ta'aziyyar saniya ta same ni tun watan jiya. Ban amsa ba don ban iya ba. Na yi kuka, ba zan ɓoye ba, ita kaɗai ce abin da ya rage mini wanda hannun Baffa ya shafa. Ka rubuta cewa kwana ashirin ɗinka ne suka kashe ta. Haka ne, ban ce ba haka ba ne. Amma Juma'ar nan da ka zo ita ta tsirar da sauran, kuma ina bayan zana ina jin ka. Na yafe, duka biyun, na saniya da na littafi.

An aika wa masu fadama su fara shirin dawowa. Gai da Yaya Karimatu. Wassalam.

Ƙanwarka, Hindatu

*

Gaya
6 ga Rabi'us Sani, 1290

Daga Datti zuwa ga Malama Hindatu, aminci da rahama.

Ba ita kaɗai ce hannun Baffa ya shafa ba. Ƙunshin da ke hannun Maiwada littafinsa ne, cikin gafakarsa ta asali. Na gargaɗe shi kada ya haɗa shi da kanwa.

Akwai farin ganye biyu a ƙarshensa da Baffa bai cika ba. Na so in rubuta hanyar tsakiya a wurin, na fere alƙalami, sai na ajiye. Ki rubuta da hannunki, da wasullanki yadda suke. In kin gama ki ba ni aro in kwafa, zan dawo miki da shi.

Yayanki, Datti